Labarin da Baba Bai Ƙarasa Ba

A shekarar da muka yi ta shuka tana ƙonewa, ƙanena ya dawo daga birni da kyamara. Ba fim ɗin soyayya yake yi ba. Rayuwar mutane yake ɗauka yadda take, shi kaɗai, ba mai ɗaukar nauyinsa. Ni kuwa ban taɓa barin gida ba. Ni nake noma gandun Baba, ni nake zuwa kasuwar Dawanau awo idan rumbu ya ƙare.

Aikin nasa ya fi kama da zaman banza. Sai ya kife turmi a gindin tsamiya, ya ɗora kyamarar, ya zauna ya yi shiru. Ba ya tambaya, ba ya cewa a gyara hula. Jira yake har mutum ya manta da shi.

"Malam mai hoto," na ce masa, "in ka gama kallonmu, ga fartanya nan."

"Yaya, ai ka fi ni iya ta."

"Haka ne. A gaban akushi ne kawai muke kunnen doki."

Abin da ya ci mini rai shi ne Baba. Mutumin da muke wuni tare a gona, ban da "miƙo ruwa" ba ya ce mini komai, sai ga shi a gaban turmin nan yana ta zuba.

Wata rana da hantsi na dawo daga gona, na ji muryar Baba, na tsaya a bayan danga. Labarin yunwar da aka yi yana yaro yake bayarwa, yadda shi da yayarsa suke tona gidan tururuwa su kwashi hatsin da ke ciki. Ban taɓa sanin ya yi yaya mace ba. Muryarsa ta yi ƙasa. Ya ce, "Ranar nan sai ta ce in jira ta a bakin rijiya…"

Ni da nake ciyar da shi, sai a bayan danga zan ji wannan? Na shiga na ce, "Baba, awakin maƙwabta sun faɗa cikin gero." Sun faɗa ɗin kuwa, amma ni kaɗai na isa in kore su.

Baba ya miƙe, ya karkaɗe riga, ya biyo ni. Ƙanena ya dube ni kawai.

Ya ci gaba da kife turminsa har ya koma birni. Baba yakan zauna, ya yi zancen taki da tsadar gero, bai sake komawa kan rijiyar ba. Ƙanena ba zai tambaya ba, don ba haka yake aiki ba. Ni kuma in na tambaya, an gane na yi laɓe. Kafin wata damina Allah ya karɓi ran Baba.

Daga baya na bi tsofaffin garinmu ina tambaya. Wata tsohuwa ta ce ta tuna yarinyar, doguwa ce mai wushirya. Ta daɗe tana laluben sunan, ta ce in yi haƙuri, ya ɓace mata.