Waƙar Kiran Yaya Hamidu

Gidanmu a Gaya yana bakin hanyar da ta gangara zuwa gadar Malanbil, don haka da rugugin manyan motoci muke tashi, da shi muke kwana. Amma da zarar an idar da sallar magariba an ci tuwo, sai mu daina jin motocin, hankalinmu ya koma bayan ɗakin Kaka, inda take bandar kifi. Kakata 'yar masunta ce daga Tunuga. Aure ne ya kawo ta Gaya, amma har ta tsufa hannunta bai rabu da ƙarnin kifi ba. Takan zauna a 'yar kujerarta tana juya tarwaɗa a kan wuta, hayaƙi yana sa ta hawaye, mu jikoki mun kewaye ta, sauro yana cizo muna daurewa.

"Ga wata nan tafe, ku ba ta hanya," haka take farawa.

Mu ce, "Ta ƙaraso, mun share mata wuri."

Yayana Hamidu shi ne babba a cikinmu. A shekarun nan ne wani yaron mota ya kawo masa kaset na waƙoƙin rap daga Kwatano, kuma tun daga ranar gidan bai sake hutawa ba. Ya haddace su kaf da Faransanci, ya koma sa wando mai faɗi kamar buhu, yana tafiya yana kaɗa hannu shi kaɗai. Wata rana Kaka ta buɗe baki za ta fara, sai ya miƙe tsaye.

"Kaka, tatsuniya ta yara ce. Tsaya ki ji waƙar zamani."

Ya dinga zubo kalmomi ba numfashi, har jijiyar wuyansa ta fito. Da ya tsaya yana haki, Kaka ta dube shi ta cikin hayaƙi. Maigida take ce masa, irin wasan kaka da jika.

"Maigida, duk wannan gudu, wa ya koro ka? Me ka ce a ciki?"

"Na ce ni zaki ne, babu mai ja da ni."

"Kai? Kai da karen maƙwabta ya sa ka hau katanga shekaranjiya?"

Muka fashe da dariya, har ƙanwarmu ta faɗi ƙasa. Hamidu ya juya zai tafi cikin fushi, Kaka ta kama bakin rigarsa ta ce ya zauna, ta yau tasa ce.

Ta ce an yi wani masunci, Gambo, wanda ya shiga kogi da asuba, jirginsa ya dawo shi bai dawo ba. Mutanen ruwa ne suka riƙe shi. Suka ba shi abincinsu ya ci, ya manta gida, ya manta ko shi wane ne. Uwarsa ta yi ta kuka a bakin gaɓa har suka ji tausayinta, suka ce, "A kira shi da waƙa. In ya gane da shi ake, mu sake shi." Aka tara mawaƙa masu zaƙin murya. Wannan ya ce giwa, wancan ya ce sarkin kogi, mai kashe kada da hannu ɗaya. Gambo yana ƙarƙashin ruwa yana ji, ya ce, "Wannan mutum jarumi ne, Allah ya sa su same shi." Ya koma ya kwanta.

Da mawaƙa suka gaji suka watse, sai ƙanwarsa ta zauna a bakin ruwa ita kaɗai. Ta rera cewa tana neman mai tabon ƙayar kurungu a dunduniya, mai satar ƙanzon shinkafa ya ce ɓera ne, mai yin fito da baki idan tsoro ya kama shi a duhu. A nan Kaka takan sassauta murya, ta rera da kanta. Gambo ya shafa dunduniyarsa ya ji tabon. Ya fashe da kuka ya ce, "Ni ne." Ruwa ya buɗe, ya fito.

"Nan na ajiye ta," in ji Kaka, "mai so ya ɗauka." Ta ɓare kifi mai zafi ta miƙa wa Hamidu. Ya karɓa ya ci.

Bai daina rap ba, amma ya ajiye zakin. Ya fara yi da Hausa, yana tsarma yaren Dendi. Ya yi waƙa a kan direbobin da ke kwana ƙarƙashin motocinsu suna jiran duwan, wato kwastan, ta sallame su, da matan da ke tsallaka gada da kwanduna a ka. Direbobi suka riƙa kiransa a tasha suna cewa ya maimaita. Ni ce mai buga masa tsohon bokiti yana bin bugun, kuma a wajensa na koyi komai.

"Rabi," yakan ce mini, "kiɗan nan mota ce kawai, kalmomi su ne kayan. Motar da ta tafi Yamai fayau, ko ta fi iska gudu, me ta kai?" Wani lokaci kuma ya ce, "Kar ki cika layi har ya rasa wurin numfashi. Inda kika yi shiru, nan mai saurare yake shigowa." Idan ya gama sabuwar waƙa, Kaka yake fara kai wa. Ta ce, "Maigida, yau na ga mutum a ciki," shi ke nan ya wuni yana murmushi.

Kaka ta rasu a wata damina. Bayan nan Hamidu ya tafi Yamai da waƙoƙinsa, amma waƙa ba ta ciyar da shi ba. Ya wuce Agadas, ya kira mu daga can ya ce zai tsallaka arewa neman aiki. Ya sake kira sau ɗaya, muryarsa tana yankewa. Daga nan shiru. Baba ya tambayi duk direban da ya san hanyar. Innarmu har yau ba ta bari a taɓa ɗakinsa.

Ni ma karatu ya kai ni Yamai, kuma ƙafata ta kai ni sitidiyo, inda 'yan rap ke wuni suna gardama. Wani ya ce gwani shi ne mai saurin harshe, wani ya ce mai dacen ƙarshen layi, wani ya ce wanda ba ya tsoron faɗa wa manya gaskiya. Duk ina ƙaruwa da su. Amma da na tashi yin tawa, sai na yi ta kiran Hamidu. Na faɗi karen da ya sa shi hawan katanga, da yadda yake ɓoye mini kan kifi a aljihu, da haƙorinsa da ya gutsure a kan mangwaro ɗanye. Mai sitidiyon ya cire abin jin sauti daga kunnensa.

"Rabi, wa zai damu da yayanki yana tsoron kare? Ki ce jarumi ne da ya ratsa hamada."

Na ce, "In na ce haka, ba zai san da shi nake ba."

Waƙar ta bi wayoyin mutane, daga wannan zuwa wancan. Wata mata daga Tanda ta nemo ni tana kuka, ta ce nata ɗan'uwan ma haka ya tafi, shi kuma tsawa yake tsoro. Wani dattijo a tashar Gaya ya riƙe hannuna ya daɗe bai sake shi ba. Mutane da yawa sun ji nasu a ciki. Hamidu dai bai amsa ba.

Ina yarinya na ɗauka tatsuniyar nan wasa ce Kaka ta yi don ta sauke wa jikanta girman kai. Yanzu na san aikin waƙa ta nuna mana: ka faɗi mutum yadda yake, har ya ji ya ce ni ne. Abu ɗaya kawai nake so a ce na tambaye ta tun tana raye. A bakinta, yarinyar tana rerawa ruwa ya buɗe. Ba ta taɓa gaya mana tsawon zaman da yarinyar ta yi a bakin gaɓa ba. Da na san zan buƙaci amsar, da na katse ta na tambaya, ko da za ta ce na cika surutu.