Masu Wankin Yaƙin Ƙudus

Ban taɓa mantawa da ranar da aka yi zancen yaƙin Ƙudus a barandar barikin Illo ba. Mu biyar ne. Akwai Baturen da muke ce wa Mai Tawada, don hannun rigarsa ba ya rabuwa da ɗigon tawada, kuma ni na fi kowa sani tunda ni ke fitar da shi. Akwai Bawa tafinta, mai juya maganar Bature zuwa Hausa. Akwai Malam Sambo, magatakardan alƙali. Sai ni Dije, mai wankin bariki. Ta biyar ɗin Hamsatu ce, 'yar Dendi, wadda ta ƙetaro Kwara daga yankin da Faransa ke mulka da goyo bayan rasuwar mijinta.

Ku da kuke wanki yanzu ba ku san yadda aikin yake ba a lokacin. Da hantsi in kai kaya bakin Kwara, in wanke da sabulun salo, in shanya a kan ciyawa. Idan sun sha iska in ɗora su a gungume in yi bugu har su yi ƙyalli. Bugu na gada, shi na sani. Aibinsa ɗaya, yana fasa maɓallan rigar Bature. Shekara huɗu ina yi, bai taɓa cewa komai ba, sai dai ya ba ni wasu in ɗinka.

Sai ga Hamsatu da dutsen guga na gawayi, wanda ta koyi aiki da shi a gidan wani Bafaranse. Ranar da ta fara goge wa Bature wando, ya ɗaga shi sama yana duban karin kamar an haifa masa ɗa. Ni bai taɓa ɗaga aikina sama ba. Tun daga ranar nake wanki ita tana guga, kuma tun daga ranar idona yake kanta. Na san sau nawa ya ce mata madalla. Na san ranar da kuku ya ƙara mata romo. Yarinyar ba ta yi mini komai ba, kullum sai ta durƙusa ta ce, "Inna, an tashi lafiya?" Wannan ladabin ma haushi yake ba ni.

Bayan an yanke gero aka sa ranar rangadi. Rangadi shi ne Bature ya zaga ƙauyuka wata guda, ta Kurgu da Matsinkai har bakin iyaka, da 'yan dako da dogarai da kuku, da mai wanki ɗaya tak. Wadda ta bi, ita ce mai wankin bariki ta gaskiya. Wadda aka bari, kowa ya san matsayinta. Saura kwana biyu, Bawa ya raɗa mini cewa Bature ya tambayi nauyin dutsen guga, alamar da Hamsatu yake son tafiya.

Ranar Talata ce, bayan la'asar. Muna ninke kaya a gefen baranda, Bature ya buɗe wani littafi mai kauri. Ɗabi'arsa ce ya kira Malam Sambo ya tambaye shi abin da littattafan Musulmi suka ce a kan tsofaffin yaƙe-yaƙe. Bawa yana juyawa, ni ina ninki, kunnena yana can.

Bature ya ce a zamanin da, babban limamin Nasara ya yi kira a je a karɓi Ƙudus daga hannun Musulmi, duk wanda ya je an yafe masa zunubi. Sai suka ɗinka gicciye na jan ƙyalle a kafaɗa, talaka ya bar gona, sarki ya bar gari. Da yawa suka mutu a hanya saboda yunwa da ƙishirwa. Waɗanda suka isa suka ci garin, suka zubar da jini ba kaɗan ba.

Malam Sambo ya ce, "Zaki, haka yake a namu. Amma a ƙarasa. Bayan jikokinsu sun girma, wani sarkin Musulmi ya taso daga Masar ya karɓe garin, kuma bai rama yankan ba. Zawarawa da tsofaffi da yawa ya sake su suka tafi."

Bature ya gyaɗa kai, ya ce littafinsa ma bai musa ba. Sannan ya yi dariya ya nuna mu da alƙalami. Ya ce da sarakunansu suka sake yin gayya, har da sarkin ƙasarsu, sai suka kafa doka: kada mace ta bi runduna, sai masu wanki waɗanda ba wanda zai zarga. Tsofaffi ke nan. Su ke wanke riguna, su ke wanke kawunan mayaƙa, su ke tsince musu ƙwarƙwata.

Na ajiye rigar da ke hannuna. Na ce, "Bawa, gaya mishi ina da tambaya."

Bawa ya ce, "Inna Dije, zancen malamai akai, ba na sabulu ba."

"Zancen wanki shika yi, ko kunnuwanka sun toshe? Tambaye shi, tunda kakanninshi sun san abin da yarinya ke jawowa tsakanin maza a hanya, shi mi ya sa za shi kai wagga cikin 'yan dako da dogarai har wata guda?"

Ban ce ta yi wani abu ba. Amma na san yadda na faɗa, kuma Bawa ya juya har da muryar. Hamsatu ta sunkuyar da kai.

Bature ya daina dariya. Ya dubi Hamsatu, ya dube ni. Ya ce tsohuwa ta yi gaskiya, ni zan bi. Kafin daɗi ya gama ratsa ni, ya ƙara da cewa idan haka ne, barinta a bariki da masu gadi ma bai dace ba. A sallame ta, a riƙe dutsen, tsohuwa ta riƙa gugar.

Da za su tashi, Malam Sambo ya tsaya kusa da ni yana sa takalmi. Bai dube ni ba ya ce, "Inna, sarki biyu kika ji labarinsu yau, mai yanka da mai saki. Kin zaɓi wanda za ki bi."

Na ce, "Malam, ka tsaya ga alƙalaminka."

Abin da na gane game da aikinmu ke nan, kuma ku riƙe. Mai wanki tana ganin dattin kowa, shi ya sa idan ta buɗe baki a kan mutum ake yarda da ita ko ba ta kawo shaida ba. Kuma ba don hannuna aka zaɓe ni ba. An zaɓe ni ne don na tsufa har ba mai waiwayena. Yabon da nake nema yana nan wurin Hamsatu, ta tafi da abinta.

Washegari da sassafe na tafi mashigi. Na same ta zaune da ƙunshinta da goyonta, tana jiran jirgin Sarkawa masunta ya ƙetar da ita. Ta durƙusa ta ce, "Inna, an tashi lafiya?"

Na ce, "Tashi. Ɗakina ba kowa har wata guda, akwai gero a rumbu. Ki riƙe mini awaki. In na dawo, ni zan san abin da zan gaya wa Bature."

Ta buɗe baki za ta yi godiya, na ce, "Rufe mini baki. Wuce gaba, kuma ki daina tafiya kamar wadda aka kora."

Ban ba ta haƙuri ba. Na ɗauki ƙunshin na ɗora a kaina, muka koma gari.