Ɗanmaliki da Burtalin Yashe

Ɗanmaliki ɗan gwaggona ne, wato a wasan taubashi bawana ne tun ran da aka yanke mashi cibi, ko ya yarda ko bai yarda ba. Don gajarta, in ya shiga gonar gyaɗa sai an yi cigiya. Ni na yi aji uku a firamaren Kankia kafin in gudo. Shi kuwa sai da gemu ya fito mashi sannan ya shiga ajin yaƙi da jahilci, shekarar da aka samu mulkin kai. Ran da suka gama, malaminsu ya ba kowa wani ɗan littafi a kan haƙƙin jama'a: rijiya, kasuwa, maƙabarta, burtali. Na sauran ɗaliban, matansu suka ƙulle daddawa da shi. Ɗanmaliki ya kai nasa wurin baduku aka ɗinka mashi rigar fata.

Daga nan garinmu Yashe ba ta sake hutawa ba. Ka zubar da ruwan wanki a hanya, sai ka ji gyaran murya a bayanka. Ka ɗaure jaki a bakin rijiya, sai ga shi yana lasar yatsa yana neman shafi. Na rantse, akuya ma in ta hango shi gefe take komawa.

Da arzikin mai ya shigo, takin zamani ya iso mana a buhu, muka ce kashin shanu kuma sai wani. Gonata da ta Ɗanmaliki suna kallon juna, burtali ya ratsa tsakani. Nan shanun wani dattijo, Bubayero, ke bi zuwa tafki tun zamanin kakansa. Kowace damina sai garmata ta yi ɗan santsi, in ƙara kunya guda cikin burtalin. Shekara bakwai ina haka, har ya zama bijimi sai ya karkata ƙaho kafin ya wuce.

Wata rana shanun suka taɓa mani gero, na tara wa Bubayero jama'a, har da kiran alƙali. Sai dattijon ya sa aka fara ɗaure kaya a ruga. Ya ce wa mutane, "Iyayena suna kwance a garin nan, amma saniya ba ta tashi sama."

Ɗanmaliki ya same ni a gindin tsamiya.

"Rabe, ka ji Bubayero zai tashi ran Asabar?"

"Allah ya kiyaye hanya. Kai bawa, da izinin wa ka tsaya mani a ka?"

"Littafi ya ce burtali ba gadon kowa ba ne."

"Littafin naka ya taɓa riƙe fartanya? In yunwa ta zo ka dafa shi da miyar kuka."

Ya kakkaɓe riga ya tafi.

Washegari da hantsi matata Hawwa ta shigo a guje. "Malam, taubashinka ya zautu!"

Na iske shi yana tuge geronsa, gero har ya yi ciki, daga nasa gefen burtalin. Mutum mai baki tara a gida, gonar kuma ba ta fi tabarmar liman ba.

"Kai, mi kake yi haka?"

"Hanya ta matse, ubangidana. Ka ce naka ba ya taɓuwa. To nawa yana taɓuwa."

Rabin gari na tsaye, babu wanda ya ko dube ni. Wallahi da mari suka yi mani da ya fi sauƙi. Bubayero na gefe, sanda a kafaɗa, yana cewa: "Bari, Ɗanmaliki, don Allah bari. Abincin ɗiyanka ne."

Ya riga ya cinye kunya uku. Na tuɓe riga na yar.

"Tsaya nan, ɗan nema, kar ka kashe mani gwaggo da yunwa!"

Na faɗa cikin nawa geron ina tugewa. Shi kuwa ya samu kututture ya zauna, yana nuna mani da baki: "Ka bar guda can, ranka ya daɗe."

Da la'asar shanun suka bi burtali uku-uku a jere. Bubayero ya aika ruga a kwance kayan. Jikokinsa na nan har yau.

Ba don gajeren nan ba, da duk ran da aka ce wa ya kori Bubayero daga kabarin iyayensa, sunana za a kira. Allah ya saka mashi da alheri. Amma kar wanda ya kai mashi labarin na faɗi haka, kansa zai fi ƙarfin hularsa.