Tarin Tsohon Bene

Jiya fa, fitowata ke nan daga jarabawar ƙarshe ina ta rawar kai, sai ƙawata 'yar Holan ta turo min bidiyo. Ina dannawa na ji "khhh", irin kakin nan na maƙogwaro. Wallahi tsigar jikina ce ta tashi. Na san sautin nan!

Ina firamare muna zaune a unguwar Hor Al Anz, can ƙasar Larabawa, ni da Baba da Mama da Kaka. A benen samanmu akwai wani tsohon Bature ɗan Holan. Da rana yana fassara takardun kayan jirgi a unguwar Port Saeed, da yamma in zafi ya sassauta sai ya fito baranda ya yi ta kaki. Kaka ta kasa jurewa. Ta dafa citta da kanumfari, ta zuba zuma, ta ja ni muka hau.

"Gaya masa tarin nan ba a wasa da shi."

Na faɗa masa da Turancin makaranta. Bawan Allah ya yi dariya har da hawaye. Ashe lafiyarsa lau, waƙa yake karantawa, yarensu ne haka. Shi mawaƙi ne, yana kuma juya waƙoƙin wasu zuwa yaren Holan. Kaka ta ce, "Tab! To ya sha dai, yaren ma yana bukata."

Shi ne ya ce ai shi ma yana jin tata ta taga. Kaka tana da wata waƙar reno da take yi tana tsintar shinkafa, amma fa sai Baba ya fita aiki. Baba ne ɗanta na fari. Ba ta kiran sunansa, ba ta kallon idonsa, ko sannu sai ta bi ta bakina. Ni da kunnena na ji ya ce wa Mama, "Ni ban san ko tsohuwar nan tana so na ba."

Tsohon ya roƙa, ta yi ta rerawa ina fassarawa. Ya tambayi sunan yaron da aka yi wa waƙar. Kaka ta kawar da kai.

"Ba a faɗa."

Kaka ta rasu, muka tashi daga unguwar, waƙar ta ɓace min ƙaƙaf.

To bidiyon nan, taron tunawa da tsohon Baturen ne, ashe shi ma ya rasu. Wata mata tana karanta waƙarsa, ɗakin taro cike. Ƙawata ta ce akwai wani suna a ciki da ta ji kamar yarenmu. Na ƙara sauti. Kowane baiti sai matar ta ce: Baafada. Baafada!

Kai, "Ba a faɗa" ɗin Kaka ne! Ya ɗauka sunan ke nan? Ko ya gane ya rufa mata asiri? Khalas, shi ke nan, babu mai gaya min.

Ƙawata ta fassara min, na maida ita Hausa a waya. Na tura wa Baba, na ce taka ce, ta Kaka ce.

Mu yanzu komai sai mun zuba a status, har da zuciyoyi ja. Shi kuwa ya turo muryarsa, a dishe, kamar mai tarin gaske.

"Sake turo min da muryarki. A hankali za ki karanta."