Agogon Kawu Ila

"Kawu, mun makara!" na ce. Muna kan amalanke za mu Gangara jefa ƙuri'ar farko a rayuwata, ga agogona ya tsaya.

Kawu Ila ya miƙa hannu saitin rana, ya ware manuniya da ƙaramin yatsa, ya auna sau biyu zuwa ƙasa.

"Kwantar da hankalinka, malamin lakol. Saura awa biyu ta faɗi." Lakol ita ce makarantar boko a wajenmu.

Na yi ihu: "Darasina ke nan! Kowace awa rana kan yi tafiyar digiri goma sha biyar, awa biyu talatin!"

Ya ƙyalƙyale da dariya: "Shekara nawa ka yi kafin ka gano?"

"Goma sha uku."

"Ni da agogona aka haife ni."

Mun samu layi kuwa kafin a rufe, mun yi zaɓenmu. Ku wane tsoho ya taɓa kayar da bokonku haka?