Kafaɗu Shida Don Rimgaudas Kalvelis

Shekara goma sha ɗaya ke nan rabona da Lithuania. Na fito ne jim kaɗan bayan mun binne mahaifiyata, na kulle gida na miƙa wa dillali makulli, tun daga nan ina wannan tsibiri na gabar Norway ina feɗe kifi. A nan labarin ya same ni. Rimgaudas Kalvelis, wanda duk garinmu ba mai kiransa da komai sai Koci, ya rasu ranar Talata, tara ga watan Disamba, da hantsi, yana da shekara sittin da takwas. Zuciya ce ta tsaya. Yana zaune a bakin gado yana ɗaure takalmi, zai tafi horar da ƙungiyar ƙwallon kwando ta 'yan mata.

Matarsa, ponia Danguole (ponia kalmar girmama mata ce a wurinmu), ita ta kira ni da kanta lokacin muna hutun kofi.

"Eimantas, ɗana, wasiyya ɗaya ya bar mini," in ji ta. "Ya ce kada 'yan haya masu farar safar hannu su ɗauke shi. Yaransa yake so su kai shi. Na samu biyar, saura ɗaya. Ranar Juma'a ne. Ko kai ko Liutauras, tunda kuna aiki tare a can, wani ya zo mini."

Na ce, "Kada ku damu, ponia Danguole, wani zai zo."

Koci, bari in yi magana da kai kai tsaye, tunda kana raye ban cika samun bakin yi ba.

Masu jawabi a bakin kabari sun lissafa tarihinka, ba sai na taya su ba. Ka bar garinmu kana ɗan shekara goma sha shida, tsawonka ya haura mita biyu, ƙafarka ta fi ƙarfin duk takalmin da ke kantin gari. Ka yi shekaru kana gadin ƙarƙashin kwando a birnin Kaunas. Da aka buɗe iyaka ka buga a Poland, ka buga a Jamus, har gwiwar hagu ta ce ta gaji. Abin da na tabbata ba su faɗa ba shi ne, kai ba ka cikin waɗanda ake buga hotonsu. Naka aikin shi ne wanda ba a tafa wa: ka tare hanya abokinka ya wuce, ka sha gwiwar hannu a haƙarƙari, ka ƙwato ƙwallon da wani ya ɓarar ka mayar masa ya sake gwadawa. Da bakinka ka gaya mana, "Ni bango aka ɗauke ni in zama, kuma na zama." Ba ka faɗe shi da baƙin ciki ba.

An yi maka tayin aiki a manyan birane, ka dawo ɗakin wasan makarantarmu mai yoyon rufi. Akwai lokacin sanyin da manyan gari suka kashe mana dumama ɗaki don tsimi, muka riƙa atisaye da hula da safar hannu, numfashinmu yana tashi kamar hayaƙi. An ce su suka kawo furanni mafi girma ranar Juma'a. To, madalla. Don kada in zalunce su, daga baya sun gyara rufin.

Ba ka taɓa busa usur a cikin ɗakin nan ba. Kakarka ce ta raine ka, ita kuwa ta ce duk mai fito a ƙarƙashin rufi shaiɗanu yake gayyata. Sai dai ka tafa waɗannan hannuwa naka masu faɗin faranti, ƙarar ta daki bango ta dawo, kowa ya daskare inda yake. Wata rana a tsakiyar gasa, Liutauras, dogon cikinmu da muke kira Falwaya, ya ce maka, "Koci, ga alƙalin wasa can yana ta busawa tun ɗazu." Ka ce, "Ai shi ya sa ka ga irin hukuncin da yake yankewa."

Shi Liutauras ɗin, da takalmanka na Jamus ya buga shekara biyu, ka cusa masa jarida a gaba don kada su fita. Uwarsa ta zo godiya, ka ce ai dama jefar da su za ka yi. Ƙarya kake, Koci, a akwatin gilashi suke a falonka, duk mun sha ganinsu. In za mu wasan waje a tsohuwar bas ɗin makaranta, kai ke riƙe da tiren kugelis ɗin dankalin da ponia Danguole ta gasa, da baƙin burodi a hammata, kana rabawa da wuƙar aljihu. Wanda ya fi cin maki ba shi ke samun babban yanki ba. Wanda ka san ba a hura wuta a gidansu jiya ba, shi ke samu, kuma sai ka haɗa masa da zagi don kada ya gane: "Ungo, ka ci, ƙafafu kamar na zalɓe."

Ni ne gajeren cikinsu, mai raba ƙwallo. Guntu kake ce mini. Ina ɗan shekara goma sha takwas, ana saura kwana kaɗan wasan ƙarshe na gasar matasa, ka zaunar da ni a benci bayan kowa ya watse.

"Guntu, idonka ya fi na kowa a ɗakin nan, hannunka ma ba laifi. Amma Allah ya rage maka taƙi guda, ni kuma ba ni da inda zan samo maka shi. Wasan nan ba zai ciyar da kai ba. Nemi sana'a."

Na daɗe ban yafe maka ba, kai ma ka sani. Sai da na zo nan na ga waɗanda nasu masu horarwar suka yi ta lallaɓawa da alkawari har suka kai shekara ashirin da biyar, gwiwa ta lalace, hannu ba sana'a. Kai ba ka yi mini ƙarya ba. Amma har yau ina ganin da ka bari an gama gasar tukuna. Wannan kam ba zan janye ba, ko da kana kwance.

Daga baya ai duk muka watse, masu tsawon da marasa shi. Kai ke horarwa, Ingila da Ireland da Norway ke kwashewa. Da yawanmu a motarka ka kai mu tasha. Ba ka taɓa ce wa kowa kada ya tafi ba, kuma ba ka taɓa tsayawa ka ga tashin bas ba. Da samari suka ƙare a gari har ba a iya haɗa biyar da biyar, ka buɗe ƙofa ga 'yan mata, ka fara daga farko kana ɗingishi.

To, ga yadda aka yi da na shidan.

Ni da Liutauras injin ɗaya muke kula da shi, ni safe shi yamma. Ga Kirsimeti ta ƙarato, duk Turai na jiran kifin salmon. Shugaban sashenmu, Oddvar, ya saurare mu har ƙarshe, ya ce mutum ɗaya zai iya tafiya in ɗayan zai riƙe aikin biyu. Ba zan ɗora masa laifi ba, ko hakan ma ya yi ƙoƙari.

Muna fitowa Liutauras ya ce, "Kai za ka je, Guntu. Ni duk shekara ina gida. Kai kuwa ko hanyar garin ka manta."

Ina son tafiyar nan, Koci, Allah ya sani. Maƙabartar da za a kai ka, a nan mahaifiyata take. Tun ranar da na zuba mata ƙasa ban koma ba. Ba ni da kowa a garin da zan ce ya duba mini. Sau da yawa ina tsaye gaban inji sai in ga kabarin a raina, ciyawa ta cinye shi, sunan ma ba ya karantuwa.

Na ce, "Su wa aka samu?"

Ya lissafa mini su. Duk biyar ɗin 'yan ƙarƙashin kwando ne, irinsa, mutanen da sai sun sunkuya suke shiga ƙofa.

"To ni a wace kusurwa za a sa ni?"

"Sai in aro maka takalmin matata mai tsini."

"Matarka ko ba takalmi ta fi ni tsawo, shashasha."

"Ka ɗora filo a kafaɗa mana. Wa zai gani a ƙarƙashin kwat?"

"Filo nawa? Na gidanku duka?"

Da ya ƙi bari, na ja shi ɗakin sanyi. Muka ɗauki dogon katako, ya sa gefe ɗaya a kafaɗarsa na sa ɗayan a tawa, muka roƙi wani ɗan Poland ya ɗora mana akwatin ƙanƙara a tsakiya. Ko taku ba mu yi ba akwatin ya gangaro ya daki kunnena, ƙanƙara ta cika mini wuyan riga. Ɗan Poland ya yi ta dariya har da riƙe ciki, bai san abin da muke aunawa ba. Liutauras ma ya fara dariya, can sai na ga ta rikiɗe masa, ya juya ya fuskanci bango.

Daga coci zuwa maƙabarta hawa ne, ga santsin Disamba, ga ka da nauyinka. In kusurwa ɗaya ta sunkuya, ba a san inda abin zai tsaya ba, a gaban matarka da duk gari.

Na ce, "Je ka haɗa kaya, Falwaya. In an gama ka nemi kabarin tsohuwata, can wajen katanga ta yamma. Ka kunna mata kyandir. Duk yadda ka same shi kada ka gaya mini."

Ranar Juma'a na wuni a gaban inji. Ranar Asabar da rana ya kira.

"Mun kai shi," in ji shi. "Ko girgiza bai yi ba. 'Yan matansa suka jeru a hanya da rigunan wasa a kan rigunan sanyi. Ka ce kada in gaya maka, amma sai na faɗa."

Ya sami kabarin a share, an goge dutsen, an lulluɓe shi da ɗanyun rassan itacen fir, wanda ba ya kakkaɓe ganye da sanyi, kamar yadda ake yi kafin ƙanƙara ta sauka. Ya ɗauka kuskuren kabari wani ya yi, har ya tambayi ponia Danguole a wurin cin abincin makoki. Ta ce ba kuskure ba ne. Duk shekara, in sanyi ya ƙarato, kana cika bayan motarka da rassa, ka bi kaburburan iyayen yaranka da ke ƙasashen waje ɗaya bayan ɗaya. Bana da sanda ka yi, kana durƙusawa da gwiwa guda. Ta ce ta sha yi maka faɗa, sai ka ce, "Yaran sun tafi gaba duka, dole wani ya tsaya baya."

Ba ka taɓa gaya mini ba. Ni ma ban taɓa kiranka ba balle ka faɗa.

Ponia Danguole, ina miƙa muku ta'aziyyata, ku da 'yarku Vaiva da jikoki. Ubangiji ya ba ku haƙuri, ya tsaya muku a wannan gida da ya yi muku faɗi. Ina yi wa 'yan matan ƙungiyarsa ta'aziyya, Allah ya kawo musu wanda zai buɗe ɗakin nan ranar Litinin. Cikin ɗaruruwan da ka horar, Koci, waɗanda aka iya tattarowa su ne Girvydas, Nerijus, Audronis, Skirmantas, Mažvydas da Liutauras. Shida, kuma sun isa. Allah ya saka musu.

Allah ya jiƙanka, ya yafe maka kurakuranka, ya ba ka hutun da gwiwar nan ba ta taɓa ba ka ba. Haskensa ya tabbata a kanka. Ƙasar garinmu ta yi maka sauƙi.

Eimantas Stulgys
Norway