Baba a Jikin Likkafanin Inna

Nasaran nan ba na bariki ba ne. Kumandan barikin ma bai so zamansa a Gure ba, don ba wanda ya aiko shi. Raƙumi ɗaya gare shi, da tafinta, da wani akwati mai ƙafa uku da yake juya wa hannu kamar mai niƙa. Ni a lokacin ina goyon fari.

Kai, mutumin nan da naci! Ba ya cewa tsaya nan, ba ya cewa yi dariya. Sai ya sauka kwarinmu ya zauna gindin dabino, tun muna kallonsa har muka manta da shi. Baba yana jan ruwa da jigo yana ba albasa, shi kuwa yana ta juya akwatinsa. Inna ta ce wannan ba aikin mai lafiya ba ne.

Ya tafi. Da damina ta zagayo zazzaɓi ya ɗauke Baba.

Bayan shekara biyu sai ga shi, wai al'adarsa ce duk wanda ya ɗauki hotonsa sai ya dawo ya nuna masa. Aka gaya masa mai jigo ya rasu. Sai ya nemi farin ƙyalle mai faɗi. Gidanmu kaf babu, sai alawayyon da Inna ta aje don likkafaninta. Tafinta bai fassara masa wannan ba, ita kuma da hannunta ta miƙa.

Da rana tsaka aka toshe ƙofar zaure da tabarmi, aka rataye ƙyallen, aka kunna fitilar haska hoton. Wallahi sai ga Baba a jikin ƙyallen, fari fat, yana sunkuyawa yana ɗagowa. Jigo na motsi ba ƙara, ruwa na zuba ba ƙara. Ƙeyarsa kawai muke gani da gefen gemu.

Inna ta matsa har inuwarta ta hau ƙyallen.

"Malam, sannu da aiki," in ji ta.

Bai waiwayo ba. Ta ce a sake, aka sake. Ta ce a ƙara. Fuskarsa take jira, mu ma duk ita muke jira.

Can ta dubi tafinta ta ce, "Tambaye shi, ko sau ɗaya Malam bai ɗaga kai ba?"

Nasaran ya amsa da fara'arsa, abin ya ba ni haushi har yau. Wai ya ɗaga sau da yawa, har da dariya, amma duk inda mutum ya dubi akwatin yankewa yake da almakashi ya yar, don gaskiyar mutum tana wurin da bai san ana kallonsa ba.

Inna ba ta yi kuka ba. Ta sauke alawayyon ta naɗe, ta miƙo mini ta ce in kai kasuwa. Ta ce ba za ta kwanta a cikin abin da Malam ya juya mata baya ba.